Yadda Na Yanka Tauraro Gida Biyar

Ku samarin Selly Oak a nan Birmingham, masu zuwa gidana ranar Lahadi ku share mini tukunyar tuwo, wannan naku ne. Kwanan baya ɗayanku, mai gemun nan da ke karatun injiniya, ya kawo mini ɗan kunnen matarsa da ya ɓalle. Ya tsaya a kaina ina liƙawa, da na gama ya ce, "Baba, ashe it's so easy! Ni ma da na sayi kayan online da na yi da kaina." Na ce Allah ya ba da sa'a, amma ya fara gwadawa a kunnensa. Tun ranar na ce sai na rubuta muku abin da ke cikin sana'ar nan, da ɗan karatuna na firamare, ita ma ban ga ƙarshenta ba. Inda kuka ga kuskure ku gyara a zuci, ku ne masu digiri.

Sunana Garba, maƙerin fari ne ni. Wato ban taɓa ƙera fartanya ba, azurfa da zinariya ne abin taɓawata. Matanku suna ce mata gwal, ni ban saba ba.

Aikin farko da Baffana ya ba ni a Kano shi ne jan waya. Za ka ɗauki azurfa mai kaurin tsinken tsire, ka zura a hudar wani faranti na ƙarfe, ka kama da awartaki ka ja. Sai ka koma hudar da ta fi ƙanƙanta, ka sake ja. Tana tauri ka gasa ta ta yi laushi. Ka yi gaggawa ta tsinke, awartakin ya dawo maka a haƙori. Haƙorina na gaba da kuke gani guntu, ba faɗa na yi ba. Baffa ba ya duka. Kallon wayar kawai zai yi, ya jefa ta cikin tukunyar narki, ya miƙo maka zugazugi. Na yi shekaru ina ja ina zuga kafin ya yarda in liƙa ko da zoben yara.

Ingila kuwa kuku aka kawo ni. Wani likita ne ya taho da ni in riƙa dafa wa iyalinsa abinci. Da matarsa ta ɗanɗana miyata ta ce da shi, "Ko ka mai da shi gida, ko ka nema masa abin da ya iya." Shi ne ya kai ni unguwar maƙeran zinariya ta Birmingham, wajen wani Bature da nake kira Dogo. Dogo ya dubi hannuna, ya ga tabon wuta, ya ba ni tsintsiya.

Kada ku raina tsintsiyar. A shagon Dogo ba a zubar da shara. Ƙarƙashin kowane benci akwai fata a rataye kamar buzu, tana tare garin zinariyar da ke zuba daga zarto da magagari. Ruwan wanke hannu ba ya fita waje sai ya kwanta a tanki. Tabarmar bakin ƙofa, tsumma, rigar aiki, in sun tsufa ƙona su ake yi a tace tokar. Ranar wata Sallah na wuce shago daga masallaci da babbar riga, Dogo ya tsai da ni a ƙofa, wai ninkin rigar nan kaɗai zai kwashe masa rabin shago. Kuma akwai doka: in ƙarfen na mai kawo aiki ne, garinsa ma nasa ne. Ka tattara, ka ƙunshe a takarda, ka miƙa masa.

Zarton namu siriri ne kamar gashin doki. Kana ɗaura shi ka taɓa da farce, in bai yi ƙara ba bai ɗauru ba. Ba a danna shi, nauyinsa ya ishe shi. Da shi da magagari, da hantsaki, da ƙaramar guduma, da 'yar kwalbar ruwan gwaji mai cin fata, su ke nan na ci abinci da su. Da su na yi wa hajiyoyin likitoci gyaran sarƙa, waɗanda kowacce za ta rantse a Dubai ta saya kuma ba ta taɓa janta ba. Da su na yi wa amaren Indiya da Pakistan awarwaro. Da su na gyara wa tsofaffin sojojin Turawa lambobinsu, su zauna suna ba ni labarin yaƙi ina cewa "yes, yes" ban ji rabi ba.

Taurarin nan da zan ba ku labari sun fara zuwa mana ne bayan ƙasashen gurguzu sun watse. A can, in ji masu kawowa, in gwamnati ta so ta ɗaga ma'aikaci sama da kowa, ba soja ba, ba ɗan siyasa ba, sai ta kira shi Gwarzon Aiki ta ba shi tauraron zinariya. Mai tatsar shanu tana samu, masaƙiya tana samu, direban tarakta, mai haƙar kwal. Tsini biyar gare shi, guduma da lauje a tsakiya, ɗan jan ƙyalle a sama, lamba a baya. Ba shi da allurar maƙalawa. Ƙusa gare shi mai noti, sai ka huda rigarka ka zura ka murɗa. Ƙasar da za ta karrama ka sai ta fara ɓata maka kwat. Mai tauraro ba ya bin layi, ana ba shi gida, ana kai shi bakin teku ya huta, ranar fareti yana zaune kusa da manya. Da abin ya rushe, taurarin suka bi akwatuna suka fito duniya.

Muguwar shekararmu ita ce wadda zinariya ta yi tsadar da ba wanda ke iya sa a ƙera masa komai. Kowa sayarwa yake. Dogo ya sallami ma'aikata ɗaya bayan ɗaya, aka bar ni da tukunyar narki. Daga safe zuwa yamma ba na ƙera komai, rusawa nake. Zoben aure, sarƙar kaka, haƙoran da ban tambayi inda aka ciro su ba. Taurari ma suna ciki. Waɗanda ba su lalace ba masu tara kayan tarihi ke saye, amma waɗanda aka goge wa lamba don kada a gane mai su ba mai so, tukunya ce makomarsu. Sai ka cire jan ƙyallen tukuna, don warin ƙonannen gashi yake yi. Tsinin ne ke fara lanƙwashewa, guduma da laujen su ne na ƙarshe. A ƙarshen shekarar Dogo ya rufe shago, bai daɗe ba ya mutu. Ni na kama wani ɗan ɗaki a saman bene na kafa bencina, a nan kuka same ni.

Aikin da ya fi tsaya mini a rai bai daɗe ba, gemuna ya riga ya yi fari. Dakta Sa'adatu, wadda ke aiki a asibitin nan na Oxford Road a Manchester, ta kira ni.

"Baba Garba, akwai wata cleaner a ward ɗinmu, Irina. Babanta ba shi da lafiya sosai, huhu ne, likitansa ya ce sai dai a lallaɓa. Yana son maƙeri ya zo gida. Na ce ina da Baba."

"Dakta, ni ba na zuwa gida. Aiki ke zuwa wurina."

"Ba ya iya sauka daga bene, kuma ya ce a gabansa za a yi. Don Allah, Baba. Kuma kada ka zo da wuta, yana kan oxygen."

Maƙeri ba wuta. Na zuba zarto da magagari da kwalbar gwaji da fata a jaka, na hau jirgin ƙasa, na hau bas zuwa unguwar Whalley Range a Manchester. Irin manyan gidajen nan ne da aka yayyanka aka yi flat-flat. Nasu yana can ƙoli, ɗaki ɗaya da kicin. Irina ta buɗe mini, mace ce da ta manyanta, hannuwanta duk sun tsage da ruwan wanki. Tsohon yana kan kujera kusa da taga, robar iska a hanci, ƙirjinsa yana kuka kamar tsohuwar zugazugi. Sunansa ya fi ƙarfin harshena, ni Mai Kwal nake ce masa. Ya sa kwat baƙa a kan rigar barci, tauraro a ƙirji. Ba ya jin Turanci ko kalma, Irina ce tafinta.

Ta ce, "Mista Garba, yana so ka yanke tsinin nan biyar, kowanne daban."

Na ce, "Ki gaya masa in na yanka ya tashi daga tauraro. Masu saye ba sa son gutsure."

Ta faɗa masa. Ya ɗaga hannu ya yi magana mai tsawo, yana tsayawa ya nemi numfashi, ita tana juya mini. Su shida ne a ramin kwal. Wata shekara manyan lardinsu suka ga kowane lardi yana da gwarzo ban da nasu, suka zaɓe shi saboda yana da faɗin ƙirji, yana kyau a hoto. Ranar da aka shirya, biyar ɗin suka haƙa tare da shi, suka kafa itacen tokare rufi, suka tura kurar kwal, aka rubuta duka da sunansa shi kaɗai. Ya sami tauraro da gida. Daga nan aka ce tunda mutum ɗaya ya iya fitar da wannan, kowa ma ya fitar. Aka daina tsayawa tokare rufi yadda ya kamata, don ba lokaci. Rufi ya rufta wa biyu daga cikinsu yana can bakin teku yana hutawa. Sauran ukun huhu ya cinye su a hankali. Kowannensu ya bar iyali a garin nan da ramin ya mutu. Yana so kowane gida ya sami tsini ɗaya kafin ya bi su.

Ya nuna mini kwalayen ashana biyar a kan taga, ya sa auduga a kowanne.

Irina ce ta kwance notin, don yatsunsa sun mutu tun da daɗewa, injin fasa dutse ya kashe su, ko kofi da tafin hannu biyu yake ɗauka. Ta miƙo mini tauraron ba ta dube ni ba. Yana sauka a tafina na ji bai kai ba. Na riƙe irinsa da yawa kafin in jefa su tukunya, hannuna ya san nauyinsu. Amma hannu shaida ɗaya ne, kuma ba kowace ƙasa ke ƙera nata iri ɗaya ba. Na ɗaura katakon aiki a bakin teburin cin abinci, na shimfiɗa fata a cinya, na shafa wa zarto kakin zuma.

Ku da kuka ce abin sauƙi ne, ku saurara. Zinariya mai kyau in zarto ya shige ta ba ta gardama, tafiya take sumul, garinta ya faɗi da nauyi ya kwanta wuri ɗaya. Wannan yana shiga ya fara ƙara, garin yana tsalle. Na shinshina yatsana, na ji warin makullin ƙofa. Na ɗebi garin a bakin wuƙa na ɗiga masa ruwan gwaji. Ya tafasa, ya koma kore shar.

Tsohon ya miƙo wuya, ya yi tambaya.

Irina ta ce, "Wai me ya sa ka tsaya?"

Na ce, "Ki gaya masa tagulla ce. Ruwan zinariya aka shafa mata a sama."

Ta tsaya tana kallon koren nan. Sannan ta juya ta yi masa magana da yarensu, gajeriya. Tsohon ya washe baki, ya buga tafinsa a gwiwa, ya ɗaga mini babban yatsa. Dariya ta so ta zo masa, tari ya riga ta.

Na ce, "Me kika ce masa?"

Ta ce, "Yanka, Mista Garba. Yanka aka kira ka ka yi."

Na yanka. Tsini biyar, kowanne daidai da ɗan'uwansa, don yana kallo, kuma in ɗaya ya fi ɗaya zai gani. Na bi bakin kowanne da magagari don kada ya yanki hannu. Ina gama ɗaya zai kira suna, Irina ta sa a kwali ta rufe. Tsakiyar, mai guduma da lauje, ya tura mata. Na tattara garin daga fata na ƙunshe a takarda na miƙa masa yadda aka koya mini. Ya mai do mini da hannu biyu, ya dafa ƙirji. Irina ta ce, "Ya ce naka ne, kyauta, ka sayi wani abu." Na yi godiya na sa a aljihu. Ya sa ta kawo mini shayi baƙi da wani biskit mai tauri, ya zauna yana kallon kwalayensa har na sha.

A matakala ta biyo ni, ta ja ƙofa.

"Na ce masa ka ce ba ka taɓa yanka zinariya mai kyan wannan ba."

"Ni ban faɗa ba."

"Na sani. Ni na faɗa."

Ta zauna a kan matakala ta gaya mini sauran. A lokacin sanyin da ya biyo bayan faɗuwar gwamnatinsu albashi ya tsaya. Uwarta ta kwance tauraron daga kwat ɗin da ke rataye, ta sayar wa wani mutum a kasuwa, shi ya ba ta wannan na tagulla ta mayar. Irina ce ta raka ta. Suka sayi fulawa da mai da kwal.

"Kwal, Mista Garba. Gidan mai haƙar kwal. Ya ci burodin, ya ji ɗumin, bai tambaya ba, ya zaci ƙanwar mamata ce ta aiko. Mama ta mutu ba ta faɗa ba. Yanzu ya sa na rantse zan aika."

Na ce, "Ni maƙeri ne, ba limami ba. Amma zan gaya miki abin da na sani a sana'a. Talaka in aka aiko masa da zinariya ba ya ajiyewa a kan taga. Ranar da ta iso zai kai wa irina. Irina zai ɗiga ruwan nan a gabansa. Gida biyar za su ce babanki ya ci guminsu yana raye, ya yi musu dariya yana kabari."

Ta ce, "To in shafa musu ruwan zinariya a bakin yankan?"

"Zan iya shafawa, aiki ne. Magagari ɗaya zai tona."

Daga ciki muka ji yana kiranta. Na sauka na kama hanyar Birmingham.

Dakta Sa'adatu ce ta gaya mini ya mutu, bayan 'yan makonni. An binne shi a nan Ingila, da kwat ɗin, da hudar a ƙirji. Na ɗauka magana ta ƙare. Mai rantsuwar ya tafi, ba wanda ya san da kwalayen sai ni da ita, ni kuwa ba na jin yarensu balle in kai tsegumi.

Wata Asabar ina gyaran wata sarƙa na ji ana hawa benena a hankali. Irina ce, da jakar leda. Ta jera kwalayen ashana biyar a kan benci. Sannan ta kama zoben da ke yatsanta tana murɗawa, ya ƙi fita, yatsan ya kumbura da aiki. Mijin ya daɗe da kama gabansa, zoben ne ya zauna. Na kawo sabulu, ya ƙi. Na kawo zare na naɗa, ya ƙi. Na ce sai dai a yanka. Ta miƙo hannun ta kau da kai. Na zura ɗan ƙarfe tsakanin zoben da fata na yanka, na buɗe shi da awartaki. Ta ƙara da ɗan kunne ƙwaya ɗaya na uwarta, ɗayan ya ɓace tun a can.

Na gwada su, masu kyau ne. Na ɗora a sikeli.

Ta ce, "Zai kai biyar?"

Na ce, "In kina son kaurin na da, ɗaya da rabi. Ki zaɓi gidan da za a ba."

"Ba zan zaɓa ba."

"To za su yi siriri."

"Su yi."

Na narka su tare, na zuba, na bi da guduma, na sa a injin murza. Ina murzawa ina gasawa, don in ka matsa wa zinariya ba hutu tsagewa take yi, kuma ba ni da ko ƙwayar da zan ƙara. Na murza har ta koma kamar ɓawon albasa. Na ɗora tsinin tagullar a kai na zana, na juya wannan sama wannan ƙasa don kada a yi asarar gefe. Yankan abu mai sirantar nan ya fi yankan mai kauri wuya, haƙorin zarto yana kama shi ya yage, sai ka manna shi a kan katako ka yanka su tare. Na karya zarto ban san adadi ba. Na ɗan tayar wa kowanne da ƙashin baya a tsakiya, yadda tsinin tauraro yake, don ya tsaya da kansa kada ya lanƙwashe a hanya. Abin da ya rage a gefe da garin da ya zuba na sake narkawa, na raba biyar, na liƙa a bayan kowanne. Irina tana zaune a kan kujerar masu jira, hannunta a cinya, tun hantsi har la'asar.

Da na jera mata su a kan baƙin ƙyalle ta ɗauki ɗaya, ta juya bayansa.

"Ba za a buga musu tambari ba? Na ga zinariyar ƙasar nan duk da tambari."

Na ce, "Akwai nauyin da doka ta ce in abu ya kai a kai shi ofis a buga. Waɗannan ba su kai ba. Ko na kai, ba dole."

Ta daɗe tana kallonsa a tafinta. Iskar da ke shigowa ta taga tana neman ta motsa shi.

"To yaya za su yarda?"

Na ce, "Su kai wa maƙerin garinsu. Ya sa zarto duk inda ya ga dama. Abin da ya gani a sama shi zai tarar har ƙasa."

Ta cire na tagullar daga kwalayen ɗaya bayan ɗaya, ta sa sababbin a kan audugar, tana kiran sunayen a hankali yadda tsohon ya kira su. Ta tambaye ni inda gidan waya yake. Na leƙa ta taga na nuna mata, na ce ta yi sauri, ranar Asabar da wuri suke rufewa.